Yadda Ake Shirya Fim Ɗin Gaskiya da Sabon Salo Tare da Mutanen da Aka Mayar Saniyar Ware

Yawancin fina-finan gaskiya, wato masu nuna rayuwar mutane ta zahiri ba ƙagaggen labari ba, da ake yi a kan almajirai, ko 'yan gudun hijira, ko matan da ke fama da yoyon fitsari, zubinsu kusan ɗaya ne. A ɗauko fuskar mai wahala kusa-kusa, a ɗora kiɗa mai sosa rai, wata murya da ba a ganin mai ita ta riƙa bayyana halin da yake ciki, sannan a kawo masani zaune a ofis ya faɗi mafita. Shi kuwa wanda aka yi fim ɗin dominsa, 'yan daƙiƙoƙi ake ba shi ya amsa abin da aka tambaye shi, daga nan sai a wuce. Fim ɗin gaskiya mai sabon salo yana ƙoƙarin warware wannan zubi ta hanyar sauya wanda ke riƙe da kyamara, da wanda ke ba da labari, da yadda ake haɗa hoto da sauti. Sai dai sabon salo kaɗai ba ya ba kowa murya. Abin da ke ba mutum murya shi ne ikon cewa a sa wannan, a cire wancan, kuma a kan wannan iko aka gina matakan da ke tafe.

Mataki na farko: ka je babu kyamara

A shekarar 1966 wasu masu bincike biyu, Sol Worth da John Adair, sun je wurin 'yan ƙabilar Nabaho a jihar Arizona ta Amurka da niyyar koya musu ɗaukar fim. Wani dattijo mai suna Sam Yazzie ya tambaye su ko yin fim zai cutar da tumaki, suka ce a'a. Ya sake tambaya ko zai amfani tumaki, suka ce ba su ga alama ba. Sai ya ce to mene ne dalilin yin sa? Duk wanda zai shiga wannan aiki ya tanadi amsar irin wannan tambaya, kuma ta zama amsar da mai tura kurar ruwa ko mai bola-jari zai ji ya gamsu, domin cewa "za mu wayar da kan jama'a" ba ta ƙara masa komai a aljihu ko a mutunci.

Makonnin farko na zama ne da sauraro. Ka bi ta hannun shugabannin da mutanen suka sani: mai unguwa, malamin tsangaya, sarkin makafi, shugabar ƙungiyar mata, ko shugaban sansani. Ka gaida su yadda ya dace, ka faɗi sunanka da na wanda ya ba ka kuɗin aikin, kada ka ɓoye. Amma ka riƙe a ranka cewa izinin shugaba ƙofa kawai yake buɗe maka, bai zama amincewar kowane mutum ba, kuma sau da yawa waɗanda shugaba zai fara turo maka su ne na kusa da shi. Masu maganar da ta fi nauyi galibi suna can baya, ba sa ɗaga murya a taro. A cikin wannan zama ne za a fitar da ƙaramin kwamiti na mutum biyar zuwa bakwai da jama'ar suka zaɓa da kansu, da mata da matasa a ciki, wanda zai kasance tare da kai har ƙarshen aiki.

Mataki na biyu: amincewa da yarjejeniya

Takardar da aka rubuta da Turanci aka ba wanda bai iya karatun boko ba ya dangwala yatsa ba amincewa ba ce. A yi bayanin da baki, da harshen da mutum ya fi ji, a kuma naɗi bayanin da amsarsa. Kalmar da aka fi yi wa ƙwauron bayani ita ce intanet, saboda haka a fassara ta da abin da mutum ya sani: "Baba, wannan hoton idan ya fita, ɗanka da ke Legas zai gani a wayarsa, maƙwabcinka ma zai gani, kuma idan ya bazu ba mu da ikon dawo da shi. Ka yarda a ga fuskarka, ko muryarka kaɗai kake so a ji, ko kuwa a ba wani ya faɗi maganarka?" Wanda aka ba zaɓi uku ya fi sakin jiki ya ƙi ɗaya, a kan wanda aka ce masa ya amsa da e ko a'a a gaban baƙo.

Ana neman amincewa sau uku: kafin ɗauka, bayan mutum ya ga kansa a hoton da aka tace, da kuma kafin a kai fim ɗin wani sabon wuri kamar talabijin ko YouTube. Idan yara ne, ana bukatar yardar iyaye ko mai riƙonsu, da kuma yardar yaron shi kansa, wadda za a tambaya ba a gaban malaminsa ba. Dokar kare bayanan jama'a ta Najeriya ta 2023 ta ba mutum damar janye amincewarsa, don haka a faɗa wa kowa ranar ƙarshe da zai iya cewa ya fasa ba tare da an tambaye shi dalili ba.

Maganar kuɗi a yi ta a fili tun ranar farko. Mai ga-ruwa da ya ajiye kurarsa ya yini tare da kai ya yi asarar cinikin ranar, kuma adalci ne a biya shi. Wanda ya riƙe kyamara ko ya yi tafinta ma'aikaci ne, a biya shi ladan ma'aikaci. Abin da ba a yi shi ne biyan mutum gwargwadon tsananin labarinsa, domin da zarar an gane cewa hawaye na kawo kuɗi, to labaran da za ka samu sun gurɓata. A rubuta wanda ya mallaki fim ɗin, da yadda za a raba duk wata kyauta ko kuɗin da ya jawo.

Mataki na uku: zaɓen salo

Nan ne aikin ya fi daɗi, kuma nan ne aka fi ɓata shi. Ƙa'idar ita ce salo ya fito daga bukatar mutanen, ko daga yadda su da kansu suke ba da labari. Duk salon da aka ɗauko don ya burge alƙalan gasa a Turai ado ne kawai.

Hanya ta farko ita ce miƙa kyamara gaba ɗaya. 'Yan Nabaho da aka ba kyamara sun fito da fina-finan da ke cike da doguwar tafiya a ƙasa, kuma ba su cika ɗaukar fuska kusa-kusa ba, abin da ƙwararren mai ɗaukar hoto na wancan zamani zai kira kuskure. Idan ka ba 'yar aikatau waya ta dawo maka da minti goma na hannayenta cikin ruwan wanke-wanke da sautin gidan a bayanta, kada ka yi saurin cewa ba ta iya ba. Tambaye ta dalilin da ya sa ta ɗauki wannan.

Hanya ta biyu ita ce a ɗauki hoto babu magana, sannan mai labarin ya zauna yana kallo yana faɗin abin da ya zo masa. Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya shafe shekaru yana aiki a Nijar har ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya yi amfani da wannan dabara a fim ɗinsa na 1958 a kan 'yan ci-rani daga Nijar da ke unguwar Treichville a Abijan. Umaru Ganda, wanda a lokacin yake aikin dako a tashar jiragen ruwa, shi ya ɗora muryarsa a kan hoton, yana faɗin gajiyarsa da burinsa da ba'arsa. Daga baya Ganda ya zama darakta, ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1972. Ya kamata a ambata cewa Rouch bai tsira daga suka ba, domin daraktan fim Usman Sembene na Senegal ya taɓa faɗa masa cewa yana kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Dabarar tana da kyau, amma ikon ƙarshe ya zauna a hannun Rouch ne.

Hanya ta uku ita ce mutane su kwaikwayi rayuwarsu. A Kano, a 2011, wasu almajirai tara sun shirya fim mai suna Duniya Juyi Juyi tare da mai bincike Hannah Hoechner da tallafin cibiyar al'adun Jamus ta Goethe, inda suka tsara labarin, suka fito a ciki, suka kuma riƙe kyamara. Amfanin kwaikwayo shi ne yaro zai iya nuna yadda wani mai gida ke wulaƙanta almajirin da ke yi masa aiki ba tare da ya kama sunan kowa ba. Sharaɗin kawai shi ne a sanar da mai kallo cewa wannan fitowa kwaikwayo ce da aka gina a kan abin da ya faru.

Hanya ta huɗu ta waɗanda bayyanar fuskarsu hatsari ce, kamar matar da ta kuɓuta daga hannun 'yan bindiga ko wanda ke ɗauke da cutar da ake tsangwamar masu ita. Dusashe fuska da kwamfuta shi ne abin da aka saba, amma yana sa mutum ya yi kama da mai laifi, kuma ba ya ɓoye murya, ko tsagen fuska idan dusashewar ta zame, ko zanen da ta ɗaura, ko bishiyar da ke ƙofar gidansu, waɗanda duk ɗan garin zai gane nan take. Rithy Panh na Kambodiya, da ya rasa hotunan abin da ya faru da danginsa a mulkin Khmer Rouge na 1975 zuwa 1979, ya yi amfani da 'yan gumakan yumɓu ya ba da labarin a fim ɗinsa na 2013. A wurare da dama na ƙasar Hausa sassaƙa siffar mutum ba za ta samu karɓuwa ba, don haka a tambayi kwamiti. Akwai inuwa a jikin bango, akwai hannaye da ƙafafu, akwai hoton kangon gida ko hanyar da aka bi aka gudu, akwai zane mai motsi, sannan ana iya ba wata mace daban ta karanta kalaman.

Wani lokaci kuma nakasar da ake ganin cikas ce ita ke ba da salon. Fim ɗin da makafi suka jagoranta zai iya farawa da baƙin allo na minti guda, babu komai sai ƙarar sanda a kan kwalta, da hon ɗin Adaidaita Sahu, da muryar ɗan jagora. Wanda kurame suka shirya da maganar hannu zai iya tafiya shiru, mai ji ya koma shi ne ke dogara da rubutun ƙasan allo.

Mataki na huɗu: kayan aiki da horo

Wayar hannu mai ɗaukar hoto mai tsabta ta isa. Inda bai kamata a yi rowa ba shi ne sauti, domin mai kallo yana haƙuri da hoto mai rawa amma ba ya haƙuri da maganar da ba ya ji. A tanadi ƙaramin makirfo na maƙalawa a wuyan riga, da hular gashin da ke tare masa iska, musamman a lokacin hunturu, da abin sauraro na kunne, da ƙafar ɗora waya, da batirin caji na tafi-da-gidanka. A saita sauti a kilohaz 48, a bar ma'auninsa yana kaiwa wajen -12 idan ana magana, don kada ya fashe in an yi dariya ko an ɗaga murya. A saita ɗaukar a kan hotuna 25 a daƙiƙa maimakon 30 da wayoyi da yawa ke zuwa da shi, saboda wutar lantarkin Najeriya da Nijar tana bugawa sau 50 a daƙiƙa, kuma rashin daidaita su kan sa hoto ya riƙa ƙyaftawa a ƙarƙashin fitila. A kashe alamar wuri a cikin wayar, domin tana iya manna inda aka ɗauki hoton a jikin fayil.

Horon kwana uku zuwa biyar ya wadatar, kuma a yi shi da aiki, ba da lacca ba. Kowa ya ɗauki ɗan'uwansa, a kalla tare, a yi dariya, a gyara. Abin da za a koyar kaɗan ne: a kwantar da wayar a kwance, a ƙirga goma kafin a motsa, a sa haske a bayan mai ɗauka, a matso kusa maimakon jawo hoto da yatsa, a nemi izini kafin a ɗauki kowa.

Mataki na biyar: ɗauka

Mai unguwa zai so a yi hirar a ƙofar gidansa, malam zai so a yi a zaurensa, amma a bar mai labarin ya zaɓi inda ya fi sakewa. Mace ta yi hira da mace, kuma inda ake kulle ƙungiyar mata zalla ce za ta shiga. Mai tambaya ya zauna daidai da wanda yake tambaya, idan a tabarma yake a sauko da kyamara tabarma, domin hoton da aka ɗauka daga sama yana ƙasƙantar da mutum ko da ba a yi niyya ba. Tambayar da ke cewa "Inna, yaya kika ji da aka kore ku?" amsarta kuka ce kawai. Wadda ke cewa "Inna, ki nuna mini yadda kike fara aikinki da asuba" tana buɗe magana, kuma abin da ke damunta zai fito a lokacin da ta ga dama. Idan mutum ya yi shiru a ƙyale shi, idan ya fara kuka a tambaye shi ko a dakata.

A lura da lokutan salla, da injin niƙa, da janaretan maƙwabta. A kowane wuri a naɗi sautin wurin na minti ɗaya ba tare da kowa ya yi magana ba, mai tacewa zai bukace shi wajen ɗinke magana. Kowace yamma a kwafe abin da aka ɗauka a wurare biyu daban, a kulle da kalmar sirri, a goge na cikin wayar idan za a bi hanyar da ake binciken waya. Sansanonin 'yan gudun hijira na bukatar izinin hukumar ba da agajin gaggawa ta jiha, jirgi marar matuƙi kuma ba a tashinsa a Najeriya sai da izinin hukumomin sufurin sama da na tsaro.

Mataki na shida: tacewa tare da masu labarin

A wurin tacewa ne ake ƙwace wa mutane muryarsu ba tare da sun sani ba, domin wanda ya yi magana ta awa guda ana iya yanko jimla uku a sa ya faɗi abin da bai nufa ba. A 1954 Rouch ya koma Ayoru da ke bakin kogin Kwara ya nuna wa Sarkawa fim ɗin da ya yi a kan farautar dorina. Sun ƙi amincewa da kiɗan da ya ɗora a kai, suka ce farautar dorina shiru ake yin ta domin dabbar tana ji, shi kuma ya karɓi gyaran. Babu ƙwararren da zai gano wannan a ɗakin tacewa a Faransa, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

A fara da rubuta duk abin da aka faɗa da harshen da aka faɗe shi. Daga nan a ba kowace fitowa kati ɗaya mai hoto ko zane, a baza katunan a tabarma, kwamiti ya jera su yadda yake ganin labarin ya kamata ya tafi. Wannan yana ba wanda bai taɓa taɓa kwamfuta ba damar tsara fim. Sai mai tacewa ya haɗa zubin farko da manhaja irin su DaVinci Resolve ko Kdenlive, waɗanda ake samu kyauta. A nuna wa kowane mai magana nasa kason shi kaɗai tukuna, sannan a nuna wa rukuni-rukuni, mata daban, matasa daban, domin a gaban dattawa kowa cewa zai yi ya yi kyau. Tambayoyi uku ake yi: mene ne ba daidai ba a nan, me aka bari a baya, kuma me zai iya jawo wa wani matsala?

Saɓani zai taso, kuma gara a shata iyaka tun kafin ya zo. Duk abin da ya shafi tsaro ko mutuncin mutum, maganarsa ce ta ƙarshe, ko da fitowar ita ce mafi kyau a fim ɗin. Abin da ya shafi tsawo da sauri da jerin fitowa, mai tacewa na da damar ya kare ra'ayinsa. Mai wuyar ita ce idan shugabanni suka nemi a cire wata gaskiya mai ɗaci, misali dukan yara ko karkatar da kayan agaji, alhali waɗanda abin ya shafa suna so a faɗa. A nan a ra'ayina nauyin yana wajen mai rauni, amma sai an tabbatar ba za a huce a kansa ba bayan masu fim sun tattara sun tafi. Kwaikwayo ko sauya murya kan warware irin wannan. Idan ba su warware ba, a cire fitowar, kuma kada a ƙawata fim ɗin ya nuna kamar babu matsalar.

Mataki na bakwai: nunawa

Nuni na farko na masu fim ne, a unguwarsu, da majigi da farin ƙyalle da lasifika bayan sallar isha'i. Sunayen waɗanda suka yarda a ambace su su fito a matsayin masu ɗauka da masu tsara labari. Fassarar ƙasan allo kada ta wuce layi biyu, kuma kada a mayar da maganar dattijo mai azanci ta koma guntun Turanci mai kama da na yara.

Daga nan sai a kai wa masu iko. A 1967 hukumar fina-finai ta Kanada ta tura mai shirya fim Colin Low tsibirin Fogo na ƙasar, inda gwamnati ke shirin tayar da masunta. Maimakon dogon fim guda, ya yi gajeru 27, yawancinsu mutum ɗaya ko batu ɗaya, aka zagaya da su ƙauyukan tsibirin, aka nuna wa jami'an gwamnati, aka naɗi amsarsu aka dawo wa mutanen da ita. Masuntan sun kafa ƙungiyar haɗin gwiwa, kuma ba a tashe su ba. Naɗar amsar jami'i da mayar da ita ga jama'a dabara ce da za ta yi aiki da shugaban ƙaramar hukuma ko kwamishina, matuƙar an sanar da shi tun farko cewa za a yi hakan.

Kafin nuni ga jama'a a bincika ƙa'idar hukumar tace fina-finai ta ƙasa da aka kafa a 1993, da ta jiha inda take akwai, kamar ta Kano da aka kafa a 2001. Mai neman tallafi ko gasa zai iya duba asusun IDFA Bertha na Amsterdam, da bikin iREP na Legas, da FESPACO da ake yi duk bayan shekara biyu. A yi ƙaramin kwafi marar nauyi da za a iya turawa daga waya zuwa waya ba tare da data ba, amma sai bayan kowa ya ba da amincewarsa ta uku, tunda abin da ya shiga WhatsApp ba ya dawowa. A bar wa kwamiti kwafin fim ɗin da lambar wayar da za a same ka, a rubuta wanda zai ajiye ɗanyen hotunan da tsawon lokacin da za a ajiye su, a kuma goge na duk wanda ya janye a gaban idonsa.